Na'urar Da Ke Mai Da Dutse Gurasa

Karatu: Matiyu 4:1-11



Wata rana da yamma ɗana na fari ya miƙo mini waya ya ce, "Baba, dubi wannan." Wani shirin talabijin ne na Amurka mai suna Star Trek, wanda aka fara nunawa a 1966. A cikin sabon zubinsa da ya fito a 1987, mutane suna zaune cikin wani ƙaton jirgin sararin samaniya, kuma a jikin bangon ɗakunansu akwai wata na'ura kamar ƙaramar taga. Mutum zai tsaya gabanta ya faɗi abin da yake so. Sai haske ya ɗan walƙa, ga kofin shayi da zafinsa, ko tufa, ko faranti cike da abinci. A labarin, na'urar tana ɗaukar ƙananan ƙwayoyin abu ta sāke jera su, su zama wani abu dabam. In an gama ci, a mayar mata da faranti ta narkar da shi.

Babu wannan na'ura a duniya, ƙagen marubuta ne. Amma da yaron ya ce, "Baba, da muna da ita, ai Mama ta huta da cefane," na yi dariya, daga baya kuma na yi shiru. A ranar kuɗin makarantarsa bai cika ba. Na san abin da ni kaina zan fara roƙa a gaban tagar nan.

Burin tsoho ne. Ɗaruruwan shekaru masana na dā suka yi suna dafa darma a tukwane don ta zama zinariya. A 1980 wani masanin Amurka, Glenn Seaborg, da abokan aikinsa a Kalifoniya sun mai da wani ƙarfe mai suna bismut zinariya, amma 'yar mitsitsiyar da ido ba ya iya gani, kuma kuɗin da aikin ya ci ya ninka darajarta nesa ba kusa ba.

To, akwai Mutum ɗaya da ya taka ƙasar nan yana da wannan iko cikakke, ba tare da inji ko lantarki ba. A bikin Kana ta Galili an cika randunan dutse guda 6 da ruwa, aka ɗiba, ya zama ruwan inabi. A bakin Tekun Galili gurasa 5 da kifi 2 sun ƙosar da maza wajen 5,000, har aka tara kwanduna 12 na ragowa. Haleluya! Wannan Yesun shi ne jiya, shi ne yau, kuma na ga hannunsa da idona a wuraren bishara.

Amma ku dubi karatunmu. Ya yi azumi kwana 40 a jeji, yunwa ta kama shi sosai. Iblis bai zo masa da giya ko mata ba. Ya nuna masa duwatsu, ya ce ya umarce su su zama gurasa. Mene ne laifin gurasa? Wa za a cuta? Jeji ne, babu mai gani. Duk da haka Ubangiji ya ƙi. Iblis yana so ya sa Ɗa ya yi amfani da ikon Uba ba tare da jiran muryar Uba ba, ya biya bukatarsa a lokacin da ya ga dama, don kawai yana iyawa. Yesu ya zaɓi ya zauna da yunwa cikin biyayya. Daga baya mala'iku suka zo suka yi masa hidima. Abincin ya iso, amma ta hannun Uba, a lokacin Uba.

'Yan'uwa, bari in faɗa muku abin da ke damuna. Da yawa daga cikinmu mun mai da sunan Yesu kamar tagar nan ta jikin bango. A zo, a faɗi kalmar da ta dace, a ɗaga murya yadda ya kamata, a ajiye baiko mai kauri, sai mota ko miji ko biza su fito. In ba su fito ba, sai a ce na'urar wannan ikilisiya ta lalace, a koma wata. Na taɓa zama da wata 'yar'uwa, gwauruwa mai 'ya'ya uku, tana kuka. Wani da ya kira kansa annabi ya ce ta kawo jarinta na sayar da hatsi, zai yi addu'a a kai kwana 7 ya ninku. Ta kai. A rana ta takwas wayarsa a kashe. Ba wawta ce ta kai ta ba, bukata ce, da kuma koyarwar da ta sha ji cewa ikon Allah abu ne da ake latsawa. Mu masu wa'azi muna da alhaki a nan, ban cire kaina ba.

Siman mai sihiri na Samariya ya yi irin wannan tunani. Ya ga Ruhu Mai Tsarki yana sauka sa'ad da manzanni suka ɗora hannu, sai ya fito da kuɗi zai saya. Bitrus ya tsawata masa da zafi, ya nuna masa cewa zuciyarsa ce ba daidai ba a gaban Allah. Ku karanta a Ayyukan Manzanni sura 8.

Kuma a ce ma an ba mu na'urar, me za ta gyara? Isra'ila sun sami abin da ya fi ta. Shekara 40 manna tana sauka, ba noma, ba kasuwa. Suka ci suka ƙoshi, sa'an nan suka zauna suna kukan kifi da albasa da tafarnuwar Masar. Taron da Yesu ya ciyar suka so su naɗa shi sarki ƙarfi da yaji, ya janye zuwa dutse shi kaɗai. Da ya fara yi musu magana a kan gurasar rai, da yawa cikin almajiransa suka juya baya. Har marubutan shirin nan, da suka kawar da yunwa daga labarinsu, ba su iya kawar da yaƙi da cin amana da kwaɗayin mulki ba. Na tambayi ɗana, "In kowa yana da abinci, me suke faɗa a kai?" Ya sosa ƙeya.

Akwai dutse ɗaya da Allah ya yi alkawari zai sāke, yana cikin Ezekiyel 36:26. Shi ne wanda ke cikin ƙirjinka. Ya ce zai cire zuciyar dutse ya sa mai taushi, ya kuma sa Ruhunsa a ciki. Zakka na Yariko ya hau itace yana mai son kuɗi, kafin rana ta faɗi yana rabar da rabin dukiyarsa, yana mayar wa waɗanda ya cuta ninki huɗu. Ba a taɓa kuɗin da ke cikin akwatinsa ba, mai akwatin aka taɓa.

Ban ce kada ka roƙi abinci ba. Ubangiji da kansa ya koya mana mu roƙi na yau. Roƙi kuɗin haya, roƙi warkarwa, roƙi aiki, da bangaskiya. Amma a makon nan ɗauki takardar roƙe-roƙenka ka duba. In an share duk abin da ake saya da kuɗi, me ya rage? Kuma in amsa ta yi jinkiri, wani ya nuna maka gajeriyar hanya, wane dutse kake shirin ɗauka?

Addu'a: Ya Uba, ka san bukatar gidana, ka san ranar da mai haya zai zo. Ka riƙe hannuna kada in miƙa shi ga abin da ba kai ka ba ni ba. Ka taɓa wurin da ya taurare a cikina. Cikin sunan Yesu. Amin.