Makullin Fa, A Ina Ka Samo Shi?



Wani matashi ya turo mini tambaya: "Malam, ina buga gem ɗin Nintendo Switch a kwamfutata, da manhajar da ke kwaikwayon na'urar. Ya halatta?" Na ce masa, makullin fa, a ina ka samo shi? Har yanzu bai dawo da amsa ba.

Bari in yi wa waɗanda ba su sani ba bayani. Wasannin Switch a kulle suke da lambobin sirri, makullinsu kuwa yana cikin na'urar kanta. Manhajar kwaikwayo ba ta iya buɗe wasa sai an ba ta waɗannan lambobin, a wani ɗan fayil da ake kira prod.keys. Ko dai ka ciro shi daga na'urarka, ko ka sauko da na wani daga intanet.

Ita manhajar a karan kanta, ko kotun Amurka ba ta haramta irinta ba. A shekarar 2000 kamfanin Sony ya sha kaye a kotun ɗaukaka ƙara a shari'arsa da Connectix, masu manhajar kwaikwayon PlayStation. Amma akwai dokar 1998 da ta hana ɓalle kwadon da mai haƙƙi ya sa wa kayansa. Da ita Nintendo ya maka masu manhajar Yuzu a kotu a Fabrairun 2024, yana cewa an sauke wasansa na Zelda sama da sau miliyan ɗaya tun kafin ya fito kasuwa. A watan Maris suka amince za su biya dala miliyan 2.4, suka rufe aikin. Sulhu aka yi, alƙali bai yanke hukunci a kan asalin mas'alar ba.

To, mu fa? Majalisar Fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi, a zamanta na Kuwait a 1988, ta tabbatar cewa haƙƙin wallafa da na ƙirƙira dukiya ne da Shari'a ta kare. Kar kuma wani ya ce ai kamfanin Japan ne, ba Musulmi ba ne. Aya ta 29 a Suratun Nisa'i ta hana cin dukiya da ɓarna, malamai kuma ba su halatta dukiyar wanda ke zaman amana da mu ba don kawai addininmu ya bambanta.

Wanda ya sayi na'ura da kuɗinsa, ya sayi wasan, ya ciro makullin daga tasa don amfanin kansa, ina ganin lamarinsa da sauƙi, duk da akwai sharuɗɗan da ya danna ya amince da su, kuma Musulmi mai cika alkawari ne. Ya duba dokar ƙasarsa ma. Amma wanda bai taɓa riƙe Switch a hannunsa ba, makulli na wani, wasa na sata, wannan kam ban ga hujjarsa ba. Na san kayan nan da tsada, wallahi na sani. Sai dai gem ba abinci ba ne, balle a ce larura ce.

Ɗan'uwa mai tambaya, ina nan ina jiran amsarka.

Wallahu a'alam.