Mace Da Shekara Arba'in A Mizanin Musulunci

 

Sanannen abu ne a ƙasar Hausa cewa da zarar mace ta doshi shekara arba'in, furfura ta fara leƙowa, sai a dinga yi mata kallon wadda kasuwarta ta watse. Wata fargabar kishiya ta hana ta barci. Wata ta ƙarar da ɗan abin hannunta wajen sayen man da ke ƙona fata, wai don ta koma budurwa. Wata kuwa, wal'iyazu billahi, ta nufi gidan boka neman mallakar miji, ta yi asarar kuɗi da imani gaba ɗaya.

Alhali kuwa Alƙur'ani mai girma bai ɗauki wannan shekara haka ba. A cikin Suratul Ahƙaf, aya ta 15, Allah Ya haɗa shekara arba'in da cikar ƙarfin ɗan Adam, Ya kuma koyar da addu'ar da ta dace da ita, watau neman ikon godiya, da aiki nagari, da shiryuwar zuriya, da tuba. Kalmar da ayar ta zo da ita ita ce mutum, ba namiji ba. Saboda haka mace tana ciki.

Bisa ruwayar da ta fi shahara, Nana Hadiza tana da shekara 40 sa'ad da ta auri Manzon Allah (SAW), shi kuwa yana da 25. Attajira ce mai juya dukiyarta da kanta, tana aika fatake zuwa Sham, kuma ita ce ta aika masa da maganar auren bayan ta ga amanarsa. Da wahayi ya fara sauka a shekarar 610, ya komo daga kogon Hira jikinsa na rawa, wannan dattijuwa ce ta lulluɓe shi, ta kwantar masa da hankali, ta kai shi wurin Waraƙa ɗan Naufal, ta riga kowa ba da gaskiya. Irin wannan natsuwa ba a samunta sai an ga jiya an ga yau.

Shari'a kuma ta bar wa mace dukiyarta. Sadakinta da gadonta da ribar sana'arta nata ne, miji ba shi da ikon taɓawa sai da yardarta. Ɗaukewar haila ma, wadda wasu ke ɓoyewa kamar abin kunya, ba cuta ba ce: daga nan salla da azumi ba sa yanke mata. In jiki ya matsa da zafi ko rashin barci, neman magani a asibiti halal ne. Rina furfura da lalle ya halatta, barinta kuma ba aibi ba ne.

Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wadda aka haifa a 1793 ta rasu a 1864, ta gane darajar irin waɗannan mata. Da ta kafa tsarin 'Yan Taru, manyan mata masu kamun kai ta zaɓa, ta naɗa su jajojin ƙauyuka, ta sa musu malafa da jan rawani. Su ne ke tako ƙasa zuwa wurinta, su ɗauki karatu, su koma su koya wa matan karkara alwala da salla da kula da marasa lafiya.