Motar da Ba Ta Magana

Akwai ɗabi'ar da ke kama mu idan shekaru suka fara ja: sai mu daina neman sabon fim, mu koma kan waɗanda muka haddace. Matasan Gusau suna zuwa shagon masu tura fina-finai suna tambayar abin da ya fito jiya, mu kuwa sai mu ce a zuba mana Knight Rider ko Star Trek. Haka muke da mota. Mai tsohuwar Camry ko Accord ko Fijo 406 ya san kukan injinta kamar yadda ya san tarin ɗansa, ba ya marmarin canji. Shin wannan wadar zuci ce, ko gajiya ce ta ari rigar wadar zuci?

Fina-finan nan alkawari suka yi mana. A Star Trek, da aka fara nunawa a Amurka a 1966, mutum kan tsaya wuri guda ya ɓace, ya bayyana a wata duniya, ba kwalta ba shinge. Knight Rider na 1982 ya zo da KITT, baƙar mota mai magana, mai tuƙa kanta, wadda harsashi ba ya huda ta. 'Yar na'urar magana ta Star Trek ta iso, ga ta a aljihunmu. Sauran shiru. Motarmu ba ta magana, gilashinta gilashi ne, kuma tun da aka cire tallafin fetur a Mayun 2023 sai an yi lissafi kafin a tayar da ita.

Duk da haka ba abar rainawa ba ce. KITT mutum ɗaya take yi wa hidima, tamu ta unguwa ce. Ta kai mai naƙuda asibiti da tsakar dare, ta kai amarya, ta raka gawa maƙabarta, but ɗinta ya sha buhunan gero daga ƙauye. Bakanike na bakin titi ya san ciwonta, kayan gyaranta suna kasuwa. Mutum ya riƙe abin da ke biya masa buƙata, ya ƙi cin bashi don burge 'yan majalisa, wannan halin kirki ne.

Inda maganar take rikicewa shi ne hanya. Muna maimaita kallo ne domin mun san ƙarshen labari: jarumi zai koma gida. Wanda ya kama hanyar Tsafe zuwa Funtuwa, ko ya bi ta Bungudu zuwa Sakkwato, bai san ƙarshen nasa ba. Yakan buga waya ya tambayi lafiyar hanya, ya jira motoci su taru, ya guji yamma. A Satumbar 2021, da aka katse layukan waya a jihar, ko tambayar ma ta gagara.

Mun fara sabawa da wannan kamar yadda muka saba da ƙarar da ke ƙarƙashin mota, alhali sabo turken wawa ne. Haƙuri da tsohuwar mota namu ne, mu ke ɗaukar nauyinsa. Haƙuri da hanyar da ake ɗauke mutane a kanta kuwa, wasu ke biyan kuɗinsa: direban haya, ɗaliba mai komawa makaranta, manomin da ya sayar da shanunsa don fansa.

Mu riƙe motarmu, mu sake kallon fim ɗinmu. Amma yaran da ke kallo tare da mu, ba maganar KITT ce ke burge su ba, sulkenta ne. Bashin da suke bin mu shi ne hanyar da ba a buƙatar sulke a kanta.