Malamar Ƙauye: 'Yar Asali Ko Mazauniya?

Ga wata tambaya da nake so mu juya ta tare: in za a ɗauki mataimakin malami a makarantar ƙauye, adalci ne a ce sai ɗan garin kaɗai zai nema?

A Indiya an daɗe ana kai ruwa rana a kan wannan. Jihar Rajasthan ta lura malaman da ake turowa daga birni ba sa zama a ƙauyuka masu nisa, yau a gan su gobe babu su. Sai a 1987, da tallafin ƙasar Suwidin, ta fara ɗaukar mutanen ƙauyen tana horar da su su koyar. Jihar Uttar Pradesh ma ta fito da nata shirin a 1999, mai suna Shiksha Mitra, wato abokin ilimi. A wancan lokacin, kwamitin ilimi na ƙauye ke zaɓa, da sharaɗin mai nema ya zama mazaunin wurin.

Hikimar ai a fili take. Wadda gidanta ke bayan makaranta ba za ta ce mota ta lalace ba. Tana jin harshen yara, ta san gidan da aka hana yarinya zuwa aji, in ta yi fashi kuma a bakin rijiya iyaye za su tare ta. Uban da ba zai miƙa 'yarsa ga baƙon namiji ba, sai ya sake ta ga maƙwabciya.

Sai dai aikin gwamnati kuɗin kowa ne. Sashe na 16 na tsarin mulkin Indiya ya hana nuna bambanci wajen ɗaukar aiki saboda mazauni, kuma a 2002 Kotun Ƙolinsu ta soke ƙarin makin da Rajasthan ke ba 'yan gunduma wajen ɗaukar malaman firamare. Kin kuwa san ƙaramin gari, in aka rufe ƙofa ga baƙo, ba wuya aikin ya faɗa hannun ɗan wane.

To, inda abin ya fi damuna shi ne matar aure. A can ma amarya ce ke barin garinsu, kamar mu. A ce shekararta 10 a garin miji, nan ta haihu, 'ya'yanta ne ke zaune a ajin. In aka karanta sharaɗin da ma'anar asali, garin miji zai ce baƙuwa ce, garin iyaye ya ce ai ta tafi. Mu ma mun san wannan zafin a takardar shaidar asalin ƙaramar hukuma. A 2012 sai da aka jinkirta rantsar da Mai Shari'a Ifeoma Jombo-Ofo a Kotun Ɗaukaka Ƙara, don haifaffiyar Anambra ce ta shigo da gurbin Abiya, jihar mijinta.

Ni a ganina a tambayi inda mace ke kwana, a bar maganar inda aka binne cibiyarta, tunda abin da yara ke buƙata shi ne a gan ta a aji kowace safiya. Kuma zaman gari ya zama abin fifitawa ne kawai in ilimi ya zo ɗaya. A 2017 Kotun Ƙolin Indiya ta rushe mayar da Shiksha Mitra fiye da 170,000 cikakkun malamai, saboda ba su cika sharaɗin jarrabawar cancanta ba, duk da shekarun da suka yi suna koyar da 'ya'yan maƙwabtansu.