Ɗan Dabo da Hannun da ke Cikin Riga

Ya ku 'yan makaranta, a dā akwai wani wasa a ƙasar Hausa, ana ce da shi dabo-dabo. Mai wasan yakan kafa sanda, ya lulluɓa babbar riga bisa, ya shige. Sa'an nan ya ɗago 'yan mutum-mutumi ta wuyan rigar, su yi rawa, su yi faɗa, shi kuwa yana magana da ɓawon ƙwan jimina a baki don muryarsa ta sāke. A 1935 wani Bature, Ellison, ya ba da labarin irinsa a Barno.

To, in ɗan dabo ya zagi mutum, wa zai kai shi gaban alƙali? Ba kowa, gama laifin na mai hannu ne.

Mu fa? Ko nan Achilafiya mukan ji mutum ya yi zalunci, ya ce, "Ai sa ni aka yi." Wannan ba hanzari ba ne. Ɗan dabo ba shi iya ƙi, mu kuwa Allah ya ba mu hankali. Gobe za ku kama aiki, wani babba zai so ya juya ku. Ran nan ku tuna, wanda ya sa hannu a takarda shi za a tambaya.

Allah ya sa mu gane, amin.