Kafin Ka Karɓi La'adar Farko

Ɗana, na ji kana cewa dillancin gidaje da filaye za ka shiga, tunda ba ya neman jari, waya ce kawai da baki. Allah ya sa albarka. Amma zauna mu yi magana, domin wayar nan da bakin nan sun kai mutane da yawa gaban alƙali.

Kafin ka nuna wa kowa ko da kango ne, ka yi rajista. Ka fara da Hukumar CAC, ka yi wa sana'arka suna, yanzu ma ta intanet ake yi. Sai ka nemi takardar SCUML, sashen nan na EFCC mai sa ido kan halasta kuɗin haram, don dillalan gidaje na cikin waɗanda doka ta wajabta wa rajista da shi. Dokar hana halasta kuɗin haram ta 2022 ta hana mutum biya ko karɓar tsabar kuɗi sama da naira miliyan 5 in ba ta banki ba, kamfani kuwa miliyan 10. Duk ranar da mai saye ya shigo da jakar kuɗi ya ce a ƙirga a zaure, ka ce masa a je banki. Zai ɓata rai, to ya ɓata.

In kuwa Legas za ka yi aiki, can akwai hukumar LASRERA, kuma dokar jihar ta 2022 ta ce sai dillali ya yi rajista da ita. Abu ɗaya kuma da ba naka ba: rubuta ƙimar gida a takarda ka sa hannu. Wannan aikin ƙwararru ne masu rajista da ESVARBON, hukumar da aka kafa a 1975. Faɗi ra'ayinka da baki in an tambaye ka, amma in banki ko kotu ke son ƙima, kai su wurin masu abin.

Rajista tana ajiye sunanka inda za a same ka in ciniki ya ɓaci, kuma mutumin da ya san za a same shi yakan bi a hankali. Shi ya sa nake matsa maka. Amma ba za ta duba maka takardun fili ba, wannan sai ka taka da ƙafarka. Dokar ƙasa ta 1978 ta danƙa filayen birane a hannun gwamna, kuma sai da amincewarsa mallaka ke komawa hannun wani. Saboda haka in an miƙo maka takardar mallaka, kada kyan hatimi ya ruɗe ka. Je KANGIS in a Kano ne, KADGIS a Kaduna, AGIS a Abuja, ka biya kuɗin bincike, ka ga ko sunan ya dace, ko kuma an jinginar da filin a banki. In awon igiya ne, ka gaida mai unguwa, ka tambayi maƙwabta na gabas da yamma, kudu da arewa.

Gidan gado kuwa, nan na fi ji maka tsoro. Na taɓa zama shaida a cinikin wani gida. Babban wa ya sallama, aka yi addu'a, aka raba goro, kowa ya watse da fara'a. Bayan wata biyu sai ga ƙanwarsa daga garin da take aure, da goyo a bayanta, ta tsaya a ƙofar gidan tana tambayar wa ya sayar da rabonta. Mai saye ya riga ya rushe ɗakin mahaifiyarsu. Har yau ina ganin yadda ta tsuguna ta ɗauki wani ɓallin kwano daga cikin ƙasar. Ba wanda ya tambaya ko magada nawa ne, har da ni. Kai ka tambaya. Ka ga takardar rabon gado daga kotu, ka ji ta bakin kowane magaji, mata kafin maza, domin su aka fi mantawa.

La'adarka kuma a faɗe ta a fili tun kafin tayi, a rubuta. Kada ka ɗora wani abu a kan farashin mai gida a ɓoye, ko da 'yan kayi-na-yi sun ce kowa haka yake yi. Kafin alƙalami in ya shigo hannunka, ka ba da rasit, ka miƙa wa mai shi a ranar.

Gobe da safe ka nemo lambarka ta NIN, ka zaɓi sunan da za ka sa wa sana'ar, ka fara da CAC.