Dutsen da Philip Gröning Ya Ɗora a Wuta

"Mai haƙuri yakan dafa dutse ya sha romonsa." Da wannan ake rufe bakin duk wanda aka danne wa haƙƙi, shi ya sa karin maganar ya daɗe da gundurata. Labarin wani fim ne ya sa na waiwaye shi.

A 1984 Philip Gröning, Bajamushe mai shirya finafinai, ya nemi izinin ɗaukar rayuwar 'yan zuhudun Katolika na gidan Grande Chartreuse, can cikin duwatsun Faransa kusa da Grenoble. Suka ce lokaci bai yi ba tukuna. Sai bayan shekara 16 suka ce ya zo, amma ba fitilar ɗaukar fim, ba kiɗa daga waje, ba mai sharhi, ba 'yan rakiya. Ya tare cikinsu wajen wata shida, daga shi sai kyamara. Fim ɗin, Into Great Silence, ya fito a 2005, ya doshi awa uku, kuma yawancin abin da kunne ke ji bai wuce ƙararrawa, takun ƙafa, almakashin tela da rera addu'ar tsakar dare ba. A 2006 ya ci kyauta a bikin Sundance.

To, romo ya samu ke nan? Ina da ja. Gröning bai zauna bakin murhu yana fifita wuta ba. Finafinansa ya ci gaba da yi a tsakani. Masu haƙurin su ne waɗanda ya ɗauka, magada tafarkin zuhudun da wani mai suna Bruno ya kafa tun 1084, su kuwa ba a duniya suke sa ran shan komai ba. Wajen ƙarshen fim ɗin wani tsohonsu makaho yana gode wa Allah da Ya makantar da shi, don ya tabbata alherin ransa ne. Mu da ke jefa wa juna karin maganar, riba muke nufi, wadda ido zai gani. Wannan tsoho me ya gani?

Wani zai ce natsuwar fuskarsa ita ce romon. Wataƙila. Amma kyamara fuska take ɗauka, ba ta leƙa zuciya. Kirista mai imani zai kalli fim ɗin ya ce dutse ya nuna; wani ya kalla ya ga tsofaffi ne kawai suna faskare da yankan kayan miya har mutuwa ta zo. Gröning bai raba gardamar ba, kuma ban ga yadda za a yi fim ya raba ta ba.